Rana guda a cikin Le Redoutable

Kwana biyar ke nan da dawowata Damagaram, amma har yanzu in na rufe ido baƙin ƙarfen nan nake gani, jirgin yaƙin ƙarƙashin teku mai suna Le Redoutable. Na je Faransa ne duba ɗan ƙanwata da ke karatu a Caen, shi ya matsa mini. "Kawu, wallahi ba za ka koma gida ba ka ga jirgin nan ba." Muka hau jirgin ƙasa, sa'a ɗaya da 'yan mintuna sai ga mu a Cherbourg, ana yayyafi da iska mai shiga ƙashi.

A tsohuwar tashar jiragen ruwan fasinja aka yi gidan tarihin, Cité de la Mer. Kana zagayawa sai ka gan shi kwance a busasshen rami, tsawonsa mita 128, ya fi filin ƙwallo. Le Redoutable ke nan, jirgin ƙarƙashin teku na farko da Faransa ta ƙera don ɗaukar makaman ƙare dangi. A garin nan aka ƙera shi, Janar de Gaulle da kansa ya halarci sakin sa a ruwa a 1967. Ya fara aiki a 1971, aka yi masa ritaya a 1991.

Cikinsa matsi ne. Sau biyu ina buga goshi a bakin ƙofa, dole na cire hulata na riƙe a hannu. Gadajen ma'aikata a jere wani kan wani kamar kantar mai shago. Sashen injin nukiliya an yanke shi tuntuni an sa fanko a gurbinsa. Wurin da ƙafata ta yi sanyi shi ne ɗakin makamai masu linzami: manyan bututu 16, takwas dama takwas hagu, kowanne mutum biyu ba sa iya rungume shi. Yara na ta guje-guje a tsakaninsu, ni kuwa salati kawai nake yi.

A nan wani dattijo da ya kawo jikansa ya ga na tsaya, ya matso. Ashe tsohon sojan ruwa ne, ya yi aiki a irin jirgin. Ya ce rukuni biyu ke karɓa-karɓa, Shuɗi da Ja, kowanne mutum 135, a nutsa wajen wata biyu ba ganin rana. Saƙon iyali gajere ne, kuma ba damar amsawa, don kada a gano inda jirgin yake. Har yau, in ji shi, kullum akwai aƙalla ɗaya daga cikin jirage huɗu da suka gaje shi a ƙarƙashin teku.

Da ya ji daga Nijar nake sai ya ce, "Arlit!" Na ce ƙwarai. A 1971 ɗin nan da jirgin ya fara aiki, a ita aka fara fitar da yuraniyom a Arlit. Na tuna kuma Faransawa bam ɗinsu na nukiliya na farko a Saharar Aljeriya suka gwada shi, a Reggane, a 1960, ci gaba da gwaje-gwajen a can kuma ya sa Nijeriya ta yanke hulɗa da su a 1961. Su suna kiran wannan tsaron ƙasa, na kuma ga yadda suke alfahari da shi. Ni dai raina ya sosu, don mu masu arzikin a ƙarƙashin ƙasa har wutar lantarki sai mun jawo daga maƙwabta. Na faɗa masa haka. Bai yi musu ba, ya ja mu ya saya mana shayi, ya hana ni taɓa aljihu.

Tsada kuwa sai wanda ya gani. Guntun burodi da kifi Yuro 7, sama da jika huɗu da rabi, kuɗin da zai ciyar da gida guda tuwo da miya a wurinmu. Ga mai sayarwar ko gaisuwa ba ta amsa ba.

Sashen gidan tarihin na jirgin ruwan Titanic, wanda ya yada zango a Cherbourg a 1912, a gurguje muka leƙa shi. Muka yi la'asar a wani lungu kusa da tasha, muka kama jirgin yamma zuwa Caen. Kashegari Paris, sai Yamai, sai doguwar motar Damagaram.