Waken da ya ƙi nuna: abin da na koya a shekara 3 a kicin ɗin Madam

Jiya na miƙa makullin sito na karɓi ɗan abin da ya rage min na albashi na fito. Shekara 3 da wata 4 kenan ina wannan kicin ɗin na girkin biki da taro, waɗanda muka yi aiki tare sun san inda nake nufi ba sai na kama suna ba. Tun a cikin danfo daga Ikeja zuwa Agege nake ta juya abin a raina, wai idan aka ce in faɗi me na koya a wajen me zan ce? Na iya jollof na mutum 300, na san kaza nawa za ta ishi biki, na iya ciniki a Mile 12 da asuba kafin 'yan sari su kwashe kwandunan tumatir masu kyau. Amma wallahi duk sanda na rufe ido tire 4 na gasasshen wake nake gani.

Wata Hajiya ce a Ikeja GRA ta ba mu aikin. 'Yarta da ke aure a Amurka za ta zo babbar sallah da yaranta 3, karon farko kenan da yaran za su taka Najeriya, za a tara dangi a gidan kamar mutum 70. Tuwo miyar kuka, masa, naman rago, duk an rubuta. Sai Hajiya ta ƙara abu ɗaya, ta ce 'yarta ta faɗa mata akwai wani wake da ake gasawa a obin, kasarol suke ce masa, shi yaran suka fi so duk sanda aka yi taron gida a can. Ta ce tana so jikokinta su ga abin da suka sani a kan tebur, kada su ji kamar baƙi ne a gidan kakarsu. Ina tsaye a bayan Madam riƙe da littafi lokacin da ta faɗi haka, har idonta ya ɗan ciko.

Ga wanda bai san shi ba, waken gwangwanin nan ne da muke zubawa a salak, shi ake haɗawa da soyayyar albasa da kecop da mustad da abin zaƙi da nama, a zuba a faranti mai zurfi a gasa har miyar ta yi kauri gefe-gefe ya kama. Asalin waken ƙarami ne fari, nebi suke kiransa saboda shi ake ciyar da sojojin ruwan Amurka da shi a da, kuma ba irinsu ɗaya da waken mu na Dawanau ba. A birnin Boston aka fi saninsa, can da baƙin maɗin rake suke yi, su bar shi a wuta awanni da yawa. Su naman alade suke sawa, mu kuma dama an yi magana naman sa za a saka.

Madam ta yi wa Hajiya lissafin kuɗin gwangwani, ni na rubuta da hannuna. Muna dawowa kicin ta ce ba za a sayi gwangwani ko ɗaya ba, akwai rabin buhun farin waken nan na waje a sito tun wani aiki da aka fasa, da shi za a yi. Buhun ya fi shekara a ajiye kusa da bango, a sitonmu da kun san yadda yake, zafi da laima irin na Legas. Na kalli waken na ga ya dushe ya koma ruwan ƙasa-ƙasa. Zuciyata ta ce ki yi magana. Ban yi ba, domin duk wanda ya taɓa ce wa Madam "anya kuwa" ya san abin da ke biyo baya. Ta turo min hoton takardar yadda ake yi ta WhatsApp ta ce ki bi shi yadda yake kada ki ƙara naki, ta shiga mota ta tafi.

Na jiƙa waken tun safe, da dare na ɗora. Bayan kamar minti 40 na ɗauki ƙwaya ɗaya na ciza, da sauransa sosai. A nan ne na yi kuskuren da har yau nake jin ciwonsa. Takardar ta ce a haɗa komai a sa a obin minti 45, na ce a raina to ai obin zai ƙarasa shi, na tsame na juye tumatir da kecop da binega da sukari na juya na raba tire 4 na tura ciki. Ban tsaya na yi tunanin cewa wanda ya rubuta takardar da waken gwangwani yake magana ba, wanda tun daga kamfani dafaffe ne lugub. Abin da ya fi ƙona min rai shi ne na sani. Tun ina yarinya a Zariya Inna ba ta taɓa barinmu mu zuba tumatir a faten wake kafin ya nuna ba, albasa da 'yar kanwa kawai take sawa ta rufe, sai ta murza ƙwaya tsakanin yatsu biyu ta ga ta baje sannan kayan miya su shiga. Hannuna ya san wannan, amma da yake takarda ce da Turanci daga Amurka sai na ajiye abin da na sani na bi ta.

Minti 45 ya wuce, kamar tsakuwa. Na ƙara ruwa na rufe na ƙara awa 1, na sake ƙara wata, ƙarfe 2 na dare ina zaune a kan bokitin fenti ina kallon obin, gas yana ta ƙonewa, miya ta yi kyau ƙamshi ya cika kicin, wake kuma ko gezau. Na jiƙa kanwa na zuba a tire ɗaya in gwada, ya yi kumfa ya yi baƙi ɗanɗanon ya koma wani iri kamar sabulu, kuma duk da haka tsakiyar waken na nan da taurinta.

Daga baya ne ƙanin mijina da ke karatun kimiyyar abinci ya yi min bayani. Akwai wani abu kamar danƙo da ke riƙe da jikin wake, pektin sunansa, sai ya narke wake yake laushi. Tsami yana hana shi narkewa, tumatir da binega kuma duk tsami ne, sukari ma yana rage masa sauri, kanwa ita kuma akasin haka take yi shi ya sa take nunar da wake da wuri. Wannan ne ma dalilin da ya sa na mutanen Boston yake jure awanni a wuta bai dagargaje ba, wato abin da ke gyara girkin idan waken ya riga ya nuna shi ne ya kashe min nawa. Ya ce kuma waken da ya daɗe a wuri mai zafi da laima yana yin wani irin tauri da ko an kwana ana dafawa da ƙyar yake sakin jiki. Kun ga kenan laifi biyu ne suka haɗu, nawa da na buhu.

Da asuba Madam ta shigo na faɗa mata gaskiya, na ce Madam bai nuna ba, a bari in ruga a sayo gwangwani, awa 1 ta ishe ni in sake sabo. Ta ɗanɗana ta ce haka na Turawa yake, a zuba a tafi. Na sake yin shiru. Wannan shirun na biyu ya fi na farko muni domin a lokacin na tabbata.

A gidan Hajiya ina bayan tebur ina zuba wa mutane. Ƙaramin jikan, yaro ɗan shekara 6 haka, yana ganin tiren ya yi tsalle ya kira yayyensa. Na zuba masa da hannuna. Ya kai cokali ɗaya baki ya tauna ya tauna sai ya juya ya kalli uwarsa, ya ajiye farantin a hankali. Bai ce komai ba. Hajiya ta zo ta ɗanɗana ta kira Madam gefe, Madam kuwa ba ta tsaya a gefen ba, a gaban dangin mutane da sauran ma'aikata ta nuna ni ta ce wannan yarinyar ce, na ba ta kuɗin gwangwani ta je ta sayo wani banzan wake ta soke canji. Ni da nake da aure da 'ya'ya 2. Aka mayar da ni ɓarauniya a gidan mutane. Ƙarshen wata ta cire rabin albashina, kuɗin gwangwanin kuma da ba a saya ba ban ji an mayar wa kowa ba.

Na yarda da nawa laifin, na zuba tsami kafin lokaci kuma na ga ɓarna na kama bakina. Amma sata ban yi ba, kuma ku da kuke kicin ɗin ranar da aka ce a ɗauko buhu kun ji da kunnenku, babu wanda ya buɗe baki. Ban riƙe ku ba sosai, na san kowa abincinsa yake karewa, ni ma ai shirun na yi.

Kwana 3 bayan taron na sayi derika 1, wato gwangwanin awo, na oloyin a Agege da kuɗina, waken nan mai ɗan zaƙi da masu sayar da dafaffen waken ewa agoyin ke so. Na dafa shi da albasa har ya murzu a yatsa amma bai fashe ba. Na soya manyan albasa 2 sai da suka yi ja, da tafarnuwa da attaruhu 1, na sa tumatirin gwangwani ya soyu, mustad cokali 1, masoro, ɗan ruwan tsamiya a madadin binega, sai mazarƙwaila da na samu a wajen 'yan arewa a Zango, ita ce ta fi kusa da maɗin da suke sawa kuma kaɗan ta isa tunda oloyin da zaƙinsa. Ƙamshin hayaƙin da su suke samu a naman alade ni kilishi na yanka ƙanana na zuba, wani lokacin naman banda. Na saki miyar da ruwan da na dafa waken, na gasa a digiri 180, minti 30 a rufe minti 20 a buɗe har gefen ya yi duhu, na bar shi ya huta minti 15 kafin a taɓa domin a nan yake kama jikinsa. Waken mu ya fi nasu saurin fashewa, kada a bar shi ya daɗe. Wadda ba ta da obin tukunya da yashi a ƙasa yadda ake gasa kek ta wadatar.

Na naɗe tiren da tawul na hau mota na kai gidan Hajiya, gabana na faɗuwa. Na durƙusa na gaishe ta na ce Hajiya ki yi haƙuri, na kawo wa yara ne, ban ce mata komai game da buhu ba. Ta daɗe tana kallona sannan ta ce Allah ya yi miki albarka 'yata. Yaron nan sau biyu aka ƙara masa, ina zaune a kicin ɗinsu ina jin ƙarar cokali. Madam ba ta san na je ba har yau, sai dai idan ta karanta wannan.

Sauran abubuwan da na koya ba su da yawa. Karanta jikin gwangwani kafin ki saya, akwai masu naman alade a ciki a manyan shaguna kuma rubutun ba ya da girma. Dafaffen wake ba ya son zaman kula a go-sulo, ya wuce awa 2 yana hucewa a zafin garin nan sai Allah. Duk umarnin da ya shafi kuɗi a sa a rubuto shi a waya. Kuma girkin da ba ki taɓa yi ba kada ranar taro ta zama ranar gwaji, ko da kofi 1 ne a gwada tukuna.

Yanzu a gidanmu duk taron da za a yi, suna ne ko sallah ko zuwan baƙi daga gida, sai an ce in yi waken nan. Goggon mijina da ta ce ita ba ta cin wake da sukari ita ce take karɓe tiren a ƙarshe tana goge ƙanzon gefe da burodin Agege. Daga wata mai zuwa zan fara karɓar aiki daga gida, kaɗan-kaɗan.

Jiya kafin in miƙa makulli na shiga sito na duba, ragowar buhun na nan jingine da bango inda yake. Na kira sabuwar yarinyar da aka ɗauka na nuna mata shi na ce ƙanwata, duk ranar da aka ce ki dafa wannan ki ce ba zai nuna ba, ki faɗa da ƙarfi a gaban mutane.