Ɗan ƙaramin kan jirgin Shikago

Yau na kai 'yata gidan tarihin Shikago a Amurka, muka tsaya gaban Pioneer, kan jirgin ƙasa na farko da ya taɓa tashi daga garin nan a 1848. Wallahi na zaci zan ga wani ƙaton ƙarfe, sai ga ɗan ƙaramin abu, da bututun hayaƙi mai faɗin baki kamar mazurari, itace ma yake ci, ba gawayi ba. Kwance ne aka sayo shi, an riga an more shi a gabas, aka ɗoro shi a jirgin ruwa ta tafkin Mishigan. Yarinyar ta zagaya shi, ta leƙa ƙarƙashinsa, ta ce, "Baba, wannan ne ya haifi duk waɗancan dogayen da ke tare mu a hanya?" Na daɗe ban ba ta amsa ba.

Lokacin mutanen garin ba su kai 30,000 ba. Alkamar manoman yamma ya fara jawowa, layukan dogo suka biyo baya, sai mahautar Union Stock Yards a 1865, sai masana'antun ƙarfe a bakin tafki, sai baƙaƙen fata daga kudu da suka hau jirgin Illinois Central suna neman aiki da mutunci. Su ne suka fi tsaya mini a rai. Gobe idan jirgin kaya ya tare ni a mararraba, ina jin ba zan yi tsaki ba.