Edgar Wallace, ɗan jaridar da ya fi son sauri da tabbatar da labari

Masu karatun labaran binciken laifi a nan Sakkwato, musamman waɗanda suka taso suna tsintar tsofaffin littattafan Turanci wajen masu baza su a ƙasa a bakin kasuwa, sun fi sanin James Hadley Chase. Kaɗan ne suka san Edgar Wallace, alhali kuwa yana cikin waɗanda suka share wa irin wannan rubutu fage a Ingila, kuma aikinsa ya shafe mu ta wata fuskar da bai kamata mu kau da kai daga gare ta ba.

An haife shi a Landan a 1875. Ya bar makaranta yana ɗan shekara 12, ya yi tallar jarida a titi, daga baya ya shiga soja aka kai shi Afirka ta Kudu, inda ya koma aika wa Reuters da jaridar Daily Mail labaran Yaƙin Boer, wato yaƙin da Birtaniya ta gwabza da Turawan Boer mazauna ƙasar. A 1902, lokacin da ake zaman sulhu a Vereeniging, hukumar soja ta hana 'yan jarida kusantar wurin. Sai Wallace ya haɗa baki da wani soja mai gadi, tsohon abokinsa, wanda yakan fito da hankici idan jirgin ƙasan da Wallace ke ciki ya zo wucewa: ja na nufin babu abin da ya motsa, shuɗi ana samun ci gaba, fari kuwa za a sa hannu. Da wannan dabara jaridarsa ta riga kowa fitar da labarin, shi kuma Kitchener, babban kwamandan sojan Birtaniya a yaƙin, ya fusata ya janye masa izinin aiki.

Wannan zafin nama ne ya shigo da shi cikin ƙagaggun labarai. A 1905 ya buga The Four Just Men da kuɗin aljihunsa, ya ɓoye yadda aka yi kisan da ke cikin labarin, ya kuma yi alkawarin kyautar fam 500 ga masu karatun da suka gano sirrin. Bai ƙayyade yawan waɗanda za su ci ba, aka samu mutane da dama sun cinka daidai, bashi ya yi masa katutu har sai da mai Daily Mail ya ceto shi. A 1907 jaridar ta sallame shi bayan ƙararrakin ɓata suna da rahotanninsa suka jawo mata. Duk da haka, kafin ya mutu a Amurka a 1932 yana aikin labarin fim ɗin King Kong, ya rubuta littattafai sama da 170, da yawansu ma da baki ya faɗe su a na'urar ɗaukar murya, magatakarda suka rubuta.

Ina yaba iyawarsa, domin ya san yadda ake riƙe mai karatu har ya manta da barci. Amma abin da ke damuna shi ne labaransa na Afirka. Ya je Kwango a 1907, ya dawo ya ƙirƙiri Sanders, wani jami'in mulkin mallaka da ke hukunta sarakuna yadda ya ga dama, su kuma mutanen ƙasa aka nuna su tamkar yaran da sai da bulala. Littafin farko, Sanders of the River, ya fito a 1911, shekara takwas kacal bayan yaƙin Giginya da shahadar Sarkin Musulmi Attahiru a Burmi. Mutumin da ya ga ɗan yanki na nahiyar a gurguje shi ne ya zana wa ɗimbin Turawa hotonmu, da irin gaggawar nan da ta sa aka kore shi daga aiki, sai dai a wannan karon babu wanda ya kai shi kotu.

Da aka mayar da labarin fim a 1935, Nijeriya aka ce nan abin ya faru. Paul Robeson, baƙar fatar Amurka da ya fito a matsayin sarki Bosambo, ya nesanta kansa da fim ɗin bayan ya ga yadda aka shirya shi don yabon mulkin Turawa.