Ɗaukar fim ɗin makaɗan gita a Agadas

Mai ɗaukar fim ɗin makaɗan gita a bukukuwan Agadas, sauti ne ke kayar da shi. Makirufon kyamara in ya kusanci sifika, ƙarar fashewa take yi, kuma ba ta gyaruwa. A jona rikoda da mikisa, wato na'urar da ke haɗa sautin kayan kiɗa da muryoyi, a kafa wani makirufo gefe don tafi da guɗar mata, ƙarfin sauti ya tsaya wajen -12 dB a ma'aunin sauti na rikodar. Janareta kuwa a kai shi nesa da doguwar waya, in ba haka ba ƙuginsa sai ya shiga kowace waƙa. A tafa sau ɗaya gaban kyamara, da tafin ake daidaita hoto da sauti wajen tacewa. Takardar izinin amfani da fim ɗin kuma, mawaƙin ya sa hannu tun ba a watse ba.