Kafin ka ce "ni na ga dama", duba da wa kake zama

Da wuya ka sami saurayi a Katsina da ba shi da majalisa. Ta wani benci ce a ƙofar shago a Ƙofar Ƙaura, ta wani tabarma ce a gindin bedi, ta wani kuma teburin mai shayi bayan isha'i. Kowa na ɗauka hira kawai yake zuwa yi. Amma a wurin ake yanke irin wayar da za ka riƙe, da shaddar da za ka ɗinka da sallah, da sana'ar da za ka ji kunyar kamawa. Babu mai ba ka umarni, dariya ce ke yin aikin. In aka yi wa mai tallan rake shewa sau biyu a gabanka, ka bar tunanin sayar da rake ke nan, ko da ribarsa ta fi albashin da kake jira. Mu da muka riga ku zama a kan waɗannan bencina mun yi asarar shekaru da kuɗi kafin mu gane haka, shi ya sa nake son ƙannena maza da mata su ji tun da wuri.

Auna majalisarka da abu uku. Me ake yaba mutum a kai? Wa ake yi wa dariya? In an kira salla ko lokacin aiki ya yi, mutum nawa ke tashi? Manzon Allah (SAW) ya ce mutum yana kan addinin abokinsa, don haka kowa ya duba wanda zai riƙa aboki. Yaron da ya faɗa cikin ƙauraye bai taɓa zama ya yanke shawarar zama ɗan daba ba. Da aike ake farawa: sayo mana sigari, riƙe mana wannan, raka mu unguwa kaza. Ranar da aka zo kame kuma, duk wanda aka tarar a bencin ake kwashewa. Gwamnatin tarayya ta hana maganin tari mai kodin a watan Mayun 2018, amma kwalbar farko ba daga hannun baƙo take zuwa ba, aboki ne ke miƙo ta.

In ka ga ya kamata ka janye, kada ka yi shela. Wanda ya tashi ya ce "na bar ku" ya mai da abokai abokan gaba, ga shi sun san gidansu da sirrinsa. Rage kwanakin zuwa a hankali, ka cike lokacin da abin da kowa zai gani da ido, kamar makarantar dare ko jiran shago. Ka ci gaba da gaisuwa, ka je suna, ka je jana'iza. Wanda ya bar majalisa bai tanadi inda zai zauna ba, kaɗaici zai mai da shi kafin wata ya ƙare.

Adashi ya fi komai nuna yadda idon mutane ke juya aljihu. Wanda ba zai iya ajiye naira dubu a ƙarƙashin katifa ba, sai ka ga yana zubin 20,000 duk wata ba fashi, don kada a ce ya kasa. Wannan alheri ne, amma ka yi lissafi kafin ka shiga. A ce ku goma ne, kwasa 200,000. Wanda ya fara kwasa ya sami bashi marar ruwa, na ƙarshe kuwa shi ya ba kowa bashi. A 2024 hauhawar farashi a Najeriya ta haura kashi 30 cikin ɗari. A irin wannan shekara, 200,000 ɗin da ka karɓa a wata na goma ba za ta sayi abin da ta saya wa na farko ba, kusan kashi ɗaya cikin biyar ya zube. Don haka adashi gajere ya fi: na mako-mako, ko na wata biyar zuwa shida. A yi ƙuri'a a gaban kowa, ko kuma wanda ya zo ƙarshe a wannan zagaye ya fara a na gaba.

Inda adashi ke mutuwa sananne ne. Waɗanda suka riga suka kwasa sai ƙafarsu ta yi nauyi, uwar adashi ta fara cike giɓi da zubin wasu, daga nan sai rigima. Maganin shi ne sabon shiga ya kwasa a ƙarshe, kuma wanda ya kawo shi ya amsa a gaban mutane cewa shi zai biya in ya gudu. A rubuta sunaye da ranar kwasar kowa, da abin da uwar adashi za ta cira na wahalarta, da yadda za a yi in wani ya rasu. Ka ɗora zubinka a kan abin da kake samu a watan da kasuwa ta fi mutuwa, ba watan sallah ba. Kada ka kama hannu biyu don a ce kai ma wani ne, kuma duk ranar da ka shiga sabon adashi don ka biya tsohon, ka riga ka faɗa rami.

'Yan mata, naku tarkon anko ne da gudunmawar biki. Abin da ƙawa ta kawo miki ana rubuta shi, kuma al'ada ta ce in nata ya tashi ki mayar da ƙari. Bashi ne da ba a kiransa bashi. Kafin ki tara ƙawaye talatin a ajonki, ki tuna bukukuwa talatin ne ke jiranki.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne tsaya wa mutum. Aboki zai karɓi Keke Napep na biya a hankali, ko kaya bashi a Babbar Kasuwa, sai ya ce "sa hannu kawai za ka yi." Kunya ta hana ka tambaya. Hadisi ya faɗa ƙarara cewa wanda ya yi lamuni shi ke biya, takardar da ka sa wa hannu ma abin da ta ce ke nan. Kada ka tsaya wa kowa a kan kuɗin da ba za ka iya biya daga aljihunka ba tare da ka sayar da jarinka ba. In ba za ka iya ba, ka ce "ba ni da ƙarfin wannan, ga abin da zan iya ba ka kyauta." Zai ji haushi na mako guda, wanda ya fi gabar shekara goma. Ayar da ta fi kowace tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, umarni ce a rubuta bashi a kafa shaidu, saboda haka neman a rubuta ba rashin yarda ba ne. Ka kuma tuna MMM, harkar nan ta zuba kuɗi ta intanet da alkawarin riba mai yawa, da ta rufe asusun mutane a Disambar 2016. Da yawa daga cikin waɗanda ta cinye ɗan'uwa ne ko aboki ya ja su, yana nuna musu kuɗin da suka shigo masa a waya. Shi ma bai san ƙarshen abin ba, gaskiyarsa ce ta zama tarkon.

Haka zaman ubangida. Yaro zai yi shekaru a shago ana ce masa "kai ai ɗa ne", ranar sallama kuma ya tashi da abin da bai kai jarin tebur ba. Ba kowane maigida ne ke yin haka da mugunta ba, sau da yawa tun farko ne ba a yi magana ba. Kai ba za ka iya kallon idon Alhaji ka tambaye shi ba, kuma bai ma dace ba. Baffanka ko kawunka ne zai je tun ranar da aka kai ka, a faɗi shekara nawa za ka yi, me za a riƙa ba ka, sallamar kuɗi ce ko kaya ko shago, a gaban mutum biyu. Ka kuma lura ko ana tura ka saro kaya kana sanin dillalai da masu ba da kaya, domin ranar da ka buɗe naka, su ne za su ba ka kaya a kan amana.

Batun neman aiki kuwa, a 1973 wani masanin zamantakewa ɗan Amurka, Mark Granovetter, ya nuna cewa masu samun aiki ta hanyar mutane sun fi samun labarinsa daga waɗanda suke gani jefi-jefi, ba aminan kullum ba. Dalilin a fili yake: abin da 'yan majalisarku suka sani kai ma ka san shi, tunda wuri ɗaya kuke yini. Labarin gurbin aiki ko kayan da suka yi araha yana hannun tsohon ɗan ajinku na Hassan Usman Katsina Polytechnic da ya koma Kaduna, ko direban da ke bin hanyar Jibiya zuwa Maraɗi, ko dillalin dabbobi a Mai'aduwa. Ka zaɓi irin waɗannan mutum goma zuwa sha biyar, ka riƙa kiran biyu ko uku duk Juma'a, gaisuwa zalla ba roƙo. In ka ji labarin da zai amfani ɗayansu ka kai masa tun bai tambaya ba. In kuma buƙatarka ta taso, faɗi abin da ka iya da abin da kake nema dalla-dalla, misali ka iya gyaran sola kuma kana neman wanda zai ɗauke ka aiki a Daura ko Funtuwa. "A taimaka mini da ko mene ne" ba ya zama a kan kowa.