Fim ɗin da aka haƙo daga ƙasa

A 1978 ana haƙa fili a wani ɗan gari mai suna Dawson City can arewacin Kanada, sai katafila ta tono faya-fayen fim har 533, duk na zamanin da fim ba ya magana. Garin shi ne tashar ƙarshe, idan fim ya gama zagaye ya iso can kamfanoni ba sa son biyan kuɗin dawo da shi, haka suka yi ta taruwa har a 1929 aka cike wani tsohon wurin iyo da su aka rufe. Ƙasar wajen ƙanƙara ce rani da damina, ita ta riƙe su, alhali irin wannan faifan da aka yi da sinadarin naitiret ruɓewa yake kuma ba shi da wuyar kama wuta, shi ya sa yawancin finafinan wancan lokacin sun ɓata.

To da waɗannan faya-fayen da wasu tsofaffin hotuna mai shirya fim Bill Morrison ya haɗa fim ɗin Dawson City: Frozen Time a 2016. Bai nemi 'yan wasa ba, kusan babu mai ba da labari da baki, rubutu ne a kan allo da kiɗa, sai yanka da jerawa, ya ɗauko fuska daga wannan fim ya ajiye kusa da ta wancan har tarihin garin da haƙar zinarensa ya fito.

Abin da ya fi taɓa ni wallahi shi ne bai gyara lalacewar ba. Ruwa ya ci gefen hotunan, za ka ga mace tana rawa wani farin tabo yana tasowa daga gefe yana cinye ta, ta ɓace ta sake dawowa. Wani zai ce a goge da kwamfuta ya yi fes, ni ban yarda ba ko kaɗan, tabon nan shi ke nuna maka shekarun da faifan ya yi a binne.

Mu ma fa muna da irinsu. Fim ɗin Shaihu Umar na Adamu Halilu na 1976 an ɗauka ya ɓata, sai aka gano shi cikin tsofaffin gwangwanaye, aka gyara aka nuna a birnin Balin na Jamus a 2018. Ga kuma kaset-kaset ɗin bidiyo na biki da suna da na farkon Kannywood jibge a cikin kwalaye, zafi da ƙura na cin su. Ina matuƙar son in ga wani matashin edita a Kano ya tattaro su ya yanka mana fim da su tun na'urar kunna su ba ta ƙare a kasuwa ba.