Abin da renon 'Yar Auta ya koya mini

A ƙarshen watan nan zan ajiye aiki a cibiyar kula da marayun birai bayan shekara bakwai, kuma kuskuren da ya fi tsaya mini a rai shi ne yarda da na yi na kai jaririyar cimpanzi, wato babban birin nan mai kama da mutum, gidana. Mafarauta ne suka kashe uwarta, aka kawo mana ita a kwali da sawun igiya a ƙugunta. Shugabanmu ya ce ɗakin jinya ya cika, in riƙe ta mako biyu, sai mako biyun suka zama shekara uku, domin hotunanta cikin rigar yara suna faranta wa masu ba da tallafi rai.

Uwargidana ta goya ta da zane, yarana suka raɗa mata 'Yar Auta, ta iya shan shayi a kofi da buɗe sakatar ƙofa, ni kuwa ina alfahari da hakan. Ranar da ta ciji ɗana a hannu saboda ya hau cinyata aka mayar da ita cibiya, kuma shugaban da ya ba ni umarnin shi ne ya rubuta cewa na saɓa ƙa'ida.

Cizon bai dame ni kamar abin da ya biyo baya ba. Da aka haɗa ta da 'yan uwanta ta ƙi kusantarsu, ba ta san yadda ake shimfiɗa ganye a kwana a kan itace ba, tana wuni maƙale da waya tana miƙo mini hannu. Daga baya na karanta labarin wata cimpanzi mai suna Lucy, wadda iyalin Temerlin suka rena a Oklahoma ta Amurka tamkar 'yarsu, sannan a 1977 aka kai ta Gambiya, inda Janis Carter ta shafe shekaru a tsibiri tana koya mata cin abincin daji. Tun 1931 ma Winthrop Kellogg ya gwada renon wata jaririyar cimpanzi mai suna Gua tare da ɗansa Donald, ya dakatar bayan wata tara, yaron ya riga ya fara kwaikwayon kukan biri. Duk wannan yana rubuce, babu wanda ya nuna mini, ni ma ban nema ba.

Ga wanda zai gaje ni, kada ya karɓi umarnin baki ba takarda, kuma ya haɗa maraya da irinsa da zarar likitan dabbobi ya sallame shi. Marayu huɗu da na rena a haka duk sun shiga garke lafiya. 'Yar Auta kuwa sai bara wata tsohuwar macen cimpanzi ta fara yi mata tsifa, ina kallo daga bayan rumbun abinci, inda ba za ta hango ni ba.